Baƙo Raɓa: 'Yan Siyasar Finlan Biyu da Lissafin Mutanen Gwarzo da Kabo

Ranar 1 ga Satumba, 2025, wata kotu a birnin Lahti na ƙasar Finlan ta yanke wa Simon Ekpa hukuncin ɗaurin shekara shida. Alƙalai uku ne suka zauna, bakinsu kuma ya zo ɗaya: sun same shi da laifin shiga harkokin ƙungiyar ta'addanci, da tunzura jama'a su aikata laifi da nufin ta'addanci, da zambar haraji, da yin aikin lauya ba bisa ƙa'ida ba. Kafin la'asar labarin ya cika zaurukan WhatsApp na mutanen Gwarzo da Kabo, kowa na yaba wa Finlan. Ƙasa ce mai doka, in ji su, wadda ba ta barin mutum ya zauna a ɗaki mai ɗumi yana hura wutar da za ta ci wasu.

Yabon yana kan hanya, sai dai akwai rabin labarin da bai zagaya ba. Mutumin da ke shugabantar majalisar dokokin ƙasar, Jussi Halla-aho, wanda a jerin girma na hukuma shi ke bin shugaban ƙasa, Kotun Ƙolin Finlan ta taɓa samunsa da laifin cin zarafin addinin Musulunci da tunzura jama'a a kan 'yan Somaliya. Mutum biyu ke nan, dukansu 'yan siyasar Finlan, dukansu masu iƙirarin kishin al'ummarsu, dukansu da rubutu a intanet suka yi suna, kuma dukansu sun tsaya gaban alƙalan ƙasa ɗaya. Ɗaya yana kurkuku, ɗaya yana kan kujerar shugaban majalisa.

Na daɗe ina bibiyar mutanen nan biyu, kuma abin da ya riƙe hankalina a kansu lissafi ne na gida. Siyasar da ake ginawa a kan nuna baƙo da yatsa tana da riba, kuma tana da bashi. Mai ita ke cin ribar, bashin kuwa kan wanda yake baƙo a wani gari yake sauka. Mu kuma mutanen yammacin Kano, babu gidan da ba shi da nasa a garin wasu.

Malamin harsuna da ya zama shugaban majalisa

An haifi Halla-aho a birnin Tampere a 1971. Masanin harsuna ne. A 2006 ya sami digirin digirgir daga Jami'ar Helsinki a kan nahawun wani tsohon harshe na majami'un gabashin Turai, wanda yau babu mai cefane da shi. Da a wannan fanni ya tsaya, da sai ɗalibai ƙalilan za su san sunansa. Amma tun 2003 ya buɗe shafi a intanet mai suna Scripta, inda yake rubutu a kan baƙin haure, da Musulunci, da abin da yake ganin munafuncin 'yan boko ne game da cakuɗar al'adu. Ba mai hayaniya ba ne. Rubutunsa a tsanake yake, da alƙaluma da gatse, irin wanda ke sa mai karatu ya ji kamar ya fi sauran jama'a wayo. Shafin ya tara mabiya, mabiyan suka zama ƙuri'u, ya shiga majalisar birnin Helsinki a zaɓen 2008.

A wannan shekarar ne ya yi rubutun da ya kai shi kotu. Ya faɗi kalamai a kan Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, waɗanda alƙalamina ba zai maimaita ba, sannan ya ce mai yiwuwa fashi da zaman cin kuɗin harajin wasu hali ne da ke cikin jinin 'yan Somaliya. Hujjarsa ita ce tarko ya ɗana wa mai gabatar da ƙara, domin wata jarida ta taɓa rubuta irin wannan a kan 'yan Finlan da shan giya ba a tuhume ta ba. Shari'ar ta bi matakai uku. A watan Yunin 2012 Kotun Ƙoli ta same shi da laifi biyu, ta ci shi tarar da ta kama yuro 400. Ya raina hukuncin a bainar jama'a, aka yi masa caa, ya sauka daga shugabancin kwamitin majalisa da ke kula da harkokin cikin gida, wanda batun baƙi ke ƙarƙashinsa.

A lokacin ya riga ya zama ɗan majalisar ƙasa. A zaɓen 2011 jam'iyyarsa, wadda sunanta a harshensu ke nufin 'yan Finlan na asali ko gama-garin 'yan ƙasa, ta tashi daga kujeru 5 zuwa 39 cikin 200. A watan Satumban shekarar aka dakatar da shi daga rukunin jam'iyyar na mako biyu, saboda ya rubuta a Facebook cewa sojoji da tankoki ne maganin masu zanga-zanga a Girka. Duk wani abin kunya da aka zaci zai binne shi, sai ya ƙara masa magoya baya. A 2014 ya tafi Majalisar Turai. A 2015 mutum fiye da 32,000 suka nemi mafaka a Finlan, ƙasar da jama'arta ba su kai miliyan shida ba, mabiyansa suka ce ai ga abin da yake faɗa.

Ranar 10 ga Yuni, 2017, aka zaɓe shi shugaban jam'iyya. Abokan haɗakar gwamnati, ciki har da ministan kuɗi na lokacin, Petteri Orpo, suka ce ba za su zauna a gwamnati ɗaya da jam'iyyar da yake jagoranta ba. 'Yan majalisa kusan ashirin, har da tsohon shugaban jam'iyyar Timo Soini, suka ɓalle suka kafa tasu. A zaɓen 2019 waɗanda suka ɓalle ko kujera ɗaya ba su samu ba, Halla-aho kuwa ya dawo da 39. Ya miƙa shugabancin ga Riikka Purra a 2021. A 2023 jam'iyyar ta sami kujeru 46, kuma wannan Orpon da ya ƙi su shekara shida baya shi ya kafa gwamnati da su, Halla-aho ya zama shugaban majalisa. A zaɓen shugaban ƙasa na Janairun 2024 ya zo na uku da kashi 19 cikin ɗari.

Abin da ya fara a matsayin rubutun mutum ɗaya yanzu ya zama doka. An rage yawan 'yan gudun hijirar da ƙasar ke karɓa a shekara daga 1,050 zuwa 500, an kuma ƙara shekarun da baƙo zai zauna kafin ya nemi zama ɗan ƙasa daga biyar zuwa takwas. Tarar yuro 400 ita ce duk abin da ya fita daga aljihunsa. Sauran bashin yaran Somaliyan da aka haifa a Helsinki ke biya, waɗanda ba su san wata ƙasa ba, amma suka taso suna jin cewa babba a ƙasarsu ya taɓa danganta jininsu da fashi.

Ɗan tseren da ya naɗa kansa firaminista

Simon Ekpa yana cikin irin baƙin da Halla-aho ke ƙorafi a kansu. An haife shi a 1985 a jihar Ebonyi ta yau, ya yi wasannin guje-guje, ya koma Finlan a 2007. Ya koyi harshensu, ya zama ɗan ƙasa, ya yi musu aikin soja, ya shiga jam'iyyar Orpo, har ya sami kujera a kwamitin kula da motocin haya na yankin Lahti. A can, mutum ne mai halartar taro a kan jadawalin bas. A wayoyin mutanen Enugu da Aba da Owerri kuwa, wani mutum ne dabam.

Bayan an kamo Nnamdi Kanu daga Kenya a watan Yunin 2021, ƙungiyar IPOB ta ba da umarnin zaman gida duk ranar Litinin, daga 9 ga Agusta. Ba a jima ba ƙungiyar ta ce ta dakatar da umarnin, Ekpa ya ce bai san zancen ba. Daga Lahti ya riƙa sanar da ranakun da ba za a buɗe kasuwa ko makaranta ba, 'yan bindiga kuma suna tilasta wa mutane bi. A 2023 ya ayyana kansa firaministan gwamnatin Biyafara ta gudun hijira. Kamfanin bincike na SBM Intelligence ya ƙiyasta a 2025 cewa mutum fiye da 700 sun rasa rayukansu a tashe-tashen hankulan da ke da nasaba da zaman gidan, mafi yawansu kuwa 'yan ƙabilar da ake cewa ana yi domin su. 'Yan sandan Finlan sun tsare shi na ɗan lokaci a Fabrairun 2023, suka sake kama shi a Nuwamban 2024, daga nan bai ƙara fita ba. Ya musanta laifukan a gaban kotu.

Bai kamata a haɗa laifin mutanen biyu a ma'auni ɗaya ba, kotun ma ba ta haɗa ba. Wanda ya ci zarafin jama'a da baki, tara aka ci shi. Wanda aka samu da hannu a tsara ƙungiyoyi masu makamai da tunzura su, ɗauri ya samu. Amma kayan sana'arsu iri ɗaya ne. Kowannensu ya sami tsoro na gaskiya a zukatan mutanensa. 'Yan Finlan ƙaramar al'umma ce da ta yi ɗaruruwan shekaru a ƙarƙashin Suwidin, sannan Rasha daga 1809 zuwa 1917, ta rasa wani yanki na ƙasarta a yaƙin duniya na biyu, ta tsugunar da mutanenta kimanin 400,000 da aka raba da gidajensu. Wanda harshensa mutum miliyan biyar kacal ke ji, ba za a yi masa dariya ba in ya ji tsoron ɓacewa. Ibo kuma suna ɗauke da tabon 1966 da yaƙin basasa, wanda duk mai adalci ya san bai warke ba. Kowanne cikin mutanen biyu ya ɗauki wannan tsoro, ya ba shi fuska, ya ce ga masu laifi can, sannan ya zauna a inda tartsatsin ba zai same shi ba.

Mu da arzikinmu ke kan hanya

Da an gama girbi a Getso da Kutama da Lakwaya, ko a Garo da Gude da Kanwa, sai ka ga samari suna ɗaure kaya. Wanda bai sami fili a bakin madatsar Guzu-Guzu ya yi noman rani ba, Legas zai nufa, ko Fatakwal, ko Abuja, ya yi acaba ko gadi ko turin ruwa, ya dawo da kuɗin taki kafin damina. Masu ƙarfi suna lodin albasa da tumatir da shanu zuwa kudu. Hatta attajirin da ya fi kowa ɗaga sunan Kabo, marigayi Alhaji Muhammadu Adamu Ɗan Kabo, da sana'ar kai mutane garin wasu ya yi suna, tun da ya kafa kamfanin jiragen Kabo Air a 1980. Abincinmu a kan hanya yake.

Ina da kawu a ƙasar Kabo da ya shekara sama da ashirin yana kai kaya Onitsha. Tun 2021 lissafin tafiyarsa ya koma kan Litinin: yaushe za a yi lodi, yaushe mota za ta tsallake gada, kada ranar ta riske su a hanya. Mahaifiyata, wadda ba ta taɓa jin sunan Lahti ba, ta koyi tambayar ko yau wace rana ce kafin ta kira ƙaninta. Lokacin da 'yan bindiga suka kashe wata mata 'yar Arewa mai juna biyu tare da 'ya'yanta huɗu a jihar Anambra a watan Mayun 2022, shafukan Arewa suka cika da kiran ramuwa a kan Ibon Sabon Gari. Kawu ya kira ni a daren. Ya ce, "Ɗana, ku da kuke rubutu, ku riƙa tunawa muna can. Duk abin da aka yi wa nasu a Kano, mu za a nema." Na ce, "To Kawu, Allah Ya tsare." Babu wani darasi a ajin koyon aikin jarida da ya bayyana mini nauyin kanun labari kamar wannan gajeriyar magana.

Tarihi yana bayan kawu. A Nuwamban 1969 gwamnatin Busia ta Gana ta ba baƙin da ba su da takardu mako biyu su fice, Hausawan zango da yawa da aka haifa a can suka kwaso kaya zuwa ƙasar da ba su taɓa gani ba. A Janairun 1983 gwamnatin Shagari ta yi irin wannan, 'yan Gana kimanin miliyan ɗaya suka fita da jakunkunan da har yau sunansu ke kansu. A 2022, a jihar Bulu Nayil ta Sudan, an kashe ɗaruruwan mutane a rikicin da tushensa shi ne ko Hausawan da kakanninsu suka zauna a can tun zamanin tafiya Makka a ƙasa suna da haƙƙin fili da sarauta. A watan Maris na 2025 aka kashe mafarauta 16 'yan Arewa a Uromi ta jihar Edo, akasarinsu mutanen ƙaramar hukumar Bunkure, suna hanyar zuwa gida yin sallah. A duk waɗannan wurare Bahaushe ne ɗan Somaliyan wani.

Amma mu ma mun iya sana'ar. Ranar 6 ga Yuni, 2017, kwana huɗu kafin a zaɓi Halla-aho shugaban jam'iyyarsa, gamayyar wasu ƙungiyoyin matasan Arewa ta tsaya a Kaduna ta ba Ibo wa'adin barin Arewa kafin 1 ga Oktoba. Gwamnan Kaduna na lokacin, Nasir El-Rufa'i, ya ba da umarnin kama su, amma wa'adin ya yi fiye da wata biyu yana yawo kafin masu shi su janye shi da kansu a wani taro a Abuja. Masu sanarwar sun sami suna da hira a gidajen talabijin. Masu sayar da goro da suya a Aba da Owerri su suka kwana da ido ɗaya.

Layin da ba ya tsayawa wuri ɗaya

Hausawa na cewa baƙo raɓa, ɗan gari kaba. Karin maganar tana ɗauka cewa an san wane ne baƙo, wane ne ɗan gari. Rayuwarmu ta nuna cewa alƙalamin hukuma ke ja wannan layi, kuma yana iya goge shi gobe. Ranar 27 ga Agusta, 1991, mutumin Haɗeja ko Gumel ya kwanta yana ɗan jihar Kano, ya farka yana ɗan Jigawa, 'ya'yansa da aka haifa a Gwale suka zama masu neman takardar asali a garin da sai da sallah suke zuwa. A 2019 doka ta cire Gwarzo da Kabo daga masarautar Kano ta sa su a ƙarƙashin Ƙaraye. A 2024 wata dokar ta mayar da su. Gonakinmu ba su motsa ba, kaburburan kakanninmu ma haka.

Tsarin mulkin 1999 kansa baki biyu gare shi. Sashe na 41 ya ba kowane ɗan ƙasa damar zama a duk inda ya so, sashe na 42 ya hana nuna masa bambanci saboda asalinsa, sannan sashe na 147 ya ce a naɗa minista daga kowace jiha, kuma lallai ya zama ɗan asalinta, ba tare da ya fayyace yadda mutum ke zama ɗan asali ba. A wannan giɓi ɗan siyasa ke kafa rumfarsa. A Janairun 1980 gwamnatin tarayya ta ɗauki Shugaba Abdurrahman Darman, shugaban masu rinjaye a majalisar dokokin jihar Borno kuma ɗan jam'iyyar adawa ta GNPP, ta tsallakar da shi Chadi da cewa ba ɗan Najeriya ba ne. Sai da kotu ta dawo masa da ƙasarsa. Wanda ya kasa kayar da kai a akwati, kakanka zai tono.

Ana yin wannan har a matakin mazaɓa. Gab da zaɓen 2023 wani hadimin ɗan takara ya same ni da abin da ya kira labari mai zafi: wai kakan abokin hamayyarsu daga ƙasar Katsina ya shigo, don haka ba ɗan nan ba ne. Na ce, "Yallaɓai, kai naka kakan daga ina ya zo?" Ya yi dariya ya ce daga wajen Malumfashi, amma ai wannan tsohon zance ne. Gwarzo tana bakin iyaka da Katsina, aure da kasuwa sun ɗinke ɓangarorin biyu tun kafin a san wani abu wai shi jiha. In za a bi wannan ma'auni, rabin layin masu zaɓe sai a sallame su.

Birnin Kano ma da muke alfahari da shi, sunayen unguwanninsa shaida ne: Zangon Barebari, Tudun Nufawa, Agadasawa, Ayagi, Dandalin Turawa. Wangarawa sun zo a zamanin Sarki Yaji, Shehu Magili ya zo a zamanin Rumfa. Raɓar da ake cewa za ta bushe da hantsi, ita ta zama kabar.

Tsoron da ke gini da tsoron da ke kora

Ba ina cewa duk mai kishin mutanensa Halla-aho ba ne. Sardauna ya ji tsoron a mamaye Arewa a aikin gwamnati, tsoron kuma yana da dalili, domin a shekarun 1950 'yan Arewa masu takardun boko ƙalilan ne. Manufarsa ta fifita 'yan Arewa ta raba ma'aikata 'yan kudu da yawa da aikinsu, wannan gaskiya ce da bai kamata mu ɓoye ba. Amma mafi yawan ƙarfinsa ya tafi ne kan horar da mutane da gina makarantu, har da jami'ar Zariya a 1962. Ma'aunin da nake amfani da shi ke nan: in ɗan siyasa ya ce mutanena suna cikin haɗari, sai in duba ko yana da abin da zai gina musu, ko kuwa wanda za su tsana kawai ya tanadar musu.

Yau tsoron da ke yammacin Kano na 'yan bindiga ne. A 2025 hare-hare sun tsallako daga Katsina zuwa ƙauyukan Shanono da Tsanyawa, kuma duk wanda ke da dangi a bakin iyaka ya san yadda dare ke tsawo. A daidai wannan lokaci wasu shafuka a Facebook da TikTok suke ta kiran a ware Hausa zalla daga Fulani, suna jingina laifin ɗan bindiga ga duk mai jinin Fulani, daga makiyayin da shi ma aka sace masa shanu har zuwa sarakuna da malamai. Kalmar zalla ita ce tagwayen kalmar na asali da ke cikin sunan jam'iyyar Halla-aho. Salon ma ɗaya ne: a ɗauko laifin wasu, a ce a jini yake. Masu wannan kira suna da ƙorafe-ƙorafen da suka cancanci a saurara, game da manoman da aka kashe da gwamnatocin da suka yi sakaci. Amma a Gwarzo da Kabo, ina za a sa wuƙar? Kakata ta wajen uba Bafulatana ce, ta wajen uwa kuwa zuriyar Maguzawan da suka musulunta ce. Irin gidanmu ne mafi yawa. Wanda zai tace mu sai ya tsaga kowane ɗaki biyu.

Mai karatu zai iya cewa doka ta yi maganinsu, kamar yadda aka yi a Lahti. Ina son ganin haka, amma abu biyu na sa ni taka-tsantsan. Na farko, dokarmu ta fi saurin kare mai mulki a kan talaka. A Nuwamban 2022 wata kotu a Kano ta yanke wa wasu matasa biyu masu barkwanci a TikTok hukuncin bulala ashirin-ashirin saboda sun taɓa mutuncin Gwamna Ganduje, alhali masu kiran a kori al'umma guda suna yawo da sunayensu a fili. In aka ƙara wa irin wannan hukuma ƙarfin hukunta magana, an san wanda za ta fara kamawa. Na biyu, labarin Halla-aho ya nuna iyakar kotu ko a inda take aiki. Ta ci shi tara, masu zaɓe suka mayar masa da ninkin ba ninkin. Abokan siyasar da suka yi rantsuwar ba za su zauna da jam'iyyarsa ba, da lissafin kujeru ya canza sai suka matsa mata wuri. Kotu tana iya ɗaure wanda ya aika makami. Wanda ya tsaya ga dasa ƙiyayya, sai jama'a sun ƙi saye kasuwarsa ke mutuwa.

A nan ne nauyin ya dawo kanmu, mu da muka yi karatu. Mabiyan Scripta na farko ba jahilai ba ne. Masu digiri ne da suka ji daɗin samun wanda ya faɗi abin da ke ransu cikin tsararren harshe. Haka ma a nan, malamin makaranta da ma'aikacin banki da likita su ke tura saƙon zuwa zauren dangi, kuma saboda daga hannunsu ya fito ake yarda da shi a ƙauye. Mu 'yan jarida kuma mun san wace magana ce ke jawo masu kallo, mun san sojan bakan da in aka ba shi minti goma a rediyo gari zai ɗauka. Magana zarar bunu ce, kuma a zamanin nan bunun yana isa Uromi da Onitsha kafin mai shi ya ajiye waya.

Zaɓen 2027 yana tafe, kuma za a zo mana da wannan haja, ko da sunan Arewa, ko da sunan Hausa zalla, ko da sunan ɗan gida. Duk wanda ya kawo ta mazaɓar Gwarzo da Kabo, ina ganin tambaya biyu sun ishe shi. Me za ka gina mana da wannan fushin? Sannan, ranar da waɗanda ka zaga suka tashi ramawa, 'ya'yanka suna ina, namu kuma suna ina? Namu dai mun san inda suke. Suna bakin gadar Onitsha da lodin albasa, suna Mile 12, suna kan babur a Fatakwal, kuma damina na jiran su dawo da kuɗin taki.